Tattakin Asabar a Ikko

A Obalende aka binne cibiyata, a wani gidan haya mai ɗakuna a jere, inda Bahaushe da Bayarabe da Banufe suke bin layin famfo ɗaya da asuba. Mahaifina mai fataucin goro ne daga Kano. Jirgin ƙasa ya sauke shi a Iddo tun kafin samun 'yancin kai, ya ce damina ɗaya zai yi ya juya, bai tashi komawa ba sai da furfura ta cinye masa gemu. Unguwarmu a wancan lokaci da hanci ake gane ta. Da yamma hayaƙin tsire yake tashi daga tukubar mahauta, ya gauraya da ƙamshin soyayyiyar ayabar matan Yarbawa, ga kuma warin kwata da gishirin teku da ba sa barin riga ko an wanke ta. Da sassafe busar begila ce daga Barikin Dodan, ladan yana sauka, ƙararrawar coci tana karɓa.

A ƙofar gidanmu akwai benci, a kan bencin kuma akwai Baba Saje. Tsohon soja ne da ya yi yaƙin Bama, kuma har ya bar duniya ban taɓa ganin ƙura a takalminsa ba. Yarbanci a bakinsa yake, har matan kasuwa sukan rantse ɗan Isale Eko ne ya sa hular Hausawa. Bayan an gama yaƙin basasa a 1970, hankali ya kwanta, sai ya tsiro da wata al'ada. Ranar Asabar, da mun taso daga makarantar allo, yakan jera mu daga dogo zuwa gajere, ya duba farcen kowa, ya ɗaga sandarsa ta gora, mu nufi cikin tsibiri a ƙasa. Dokokinsa kaɗan ne: ba roƙo, ba tsallaka titi sai ya ba da umarni, wanda kuma ya fara cewa ya gaji shi zai ɗauki buta har a dawo. Iyayenmu mata suna mita wai tsohon nan zai tsinke wa 'ya'yansu silifa, amma kowace takan ƙulle wa ɗanta taro a bakin aljihu.

Mukan ratsa ta filin sukuwa, inda aka sauke tutar Ingila a 1960, mu gangara Broad Street. Zango na farko kullum gidan yari ne. Mun saba ganin fursunonin Ikoyi suna sassabe da langalanga a kusa da unguwarmu, gandiroba na tsaye a kansu, saboda haka kurkuku ba baƙon abu ba ne a wurinmu. Amma wannan katangar daban ce. Baba Saje yakan sa kowa ya dafa ta da tafin hannu. "Ku ji ɗuminta, jikokina. Wannan bulo a jirgin ruwa ya zo daga Ingila, a 1885. Ƙasa ta ƙare ne a Ikko? A'a. So suke wanda ya shiga ya san ko bangon ba na garinsu ba ne." Sai ya lissafo waɗanda suka kwana a ciki: Herbert Macaulay, da Imoudu shugaban ma'aikatan jirgin ƙasa, da Awolowo. Idan ya zo kan ɗakin rataya yakan rage murya. Wata rana ƙaramin cikinmu ya rantse yana jin ƙarar sarƙa daga ciki, muka yi cirko-cirko, ashe mai gyaran keke ne a bayan katanga yake warware sarƙar keke. Baba Saje bai yi dariya ba sai da muka yi nisa, sannan ta kufce masa har yana dafa sanda.

Daga nan sai Popo Aguda, unguwar da muka fi so. Gidajen bene ne masu tagogi dogaye, da baranda ta ƙarfe mai lanƙwashe-lanƙwashe, da furanni na siminti a saman ƙofa, fentinsu ya koɗe da ruwan sama. Sunayen masu gidajen suna ba mu dariya: Campos, Da Rocha, Fernandez. A titin Kakawa ya nuna mana gidan ruwa na iyalan Da Rocha, inda aka yi arziki da sayar da ruwan sha. Ya ce kakannin mutanen nan daga wannan gaɓa aka kwashe su zuwa Burazil, suka yi bauta a Bahiya, waɗanda Allah ya nufa suka fanshi kansu suka dawo da sana'ar gini da kafinta. Abin da ya fi tsaya mini shi ne da ya ce a cikin waɗanda aka kai can har da Hausawa, masu karatu, masu laya a wuya, kuma ba su zauna lafiya da iyayen gijinsu ba. Sun ƙulla tawaye a 1807, sun tashi a 1814, sannan a azumin 1835 Musulmin Bahiya suka yi babban boren da ya sa aka koro da yawa zuwa wannan gaɓa. Mu da muke zaton iyakar tafiyar Bahaushe ita ce Makka da Gwanja, sai ga shi ana ce mana an yi sallar asuba da bakin Kano a bayan teku.

A dandalin Tinubu ake kwance taro. Ruwa yana tsiri daga tsakiyar shataletale, iska tana feso mana, motocin haya suna zagayawa, kwandastoci suna kiran Yaba da Ebute Metta, kantin faifai yana sakin kiɗan juju. Akwai wata Iya mai gasa ayaba da gyaɗa, ita da Baba Saje kullum sai sun yi ciniki kamar za a kira 'yan sanda, a ƙarshe ta ƙara mana biyu kyauta ta ce saboda yaran ne, ba don tsohon ba. Muna ci yana ba mu labarin matar da aka sa wa wurin sunanta. Madam Tinubu attajira ce da ta juya fadar Ikko a zamanin Akitoye da Dosunmu, har Turawa suka sa aka kore ta zuwa Abeokuta a 1856, can ta taimaki Egba da bindiga da albarushi. Sai ya goge baki ya ƙara da cewa cikin hajarta har da mutane. Ba ya rage wa kowa alherinsa, ba ya kuma rufe wa kowa laifinsa. A gefen dandalin akwai wani tsohon bene irin na Aguda da ake kira Ilojo Bar, a inuwarsa muke wanke hannu da ruwan buta.

Azahar takan same mu a masallacin Shitta-Bey da ke titin Martins, wanda aka buɗe a 1894, kuma ɗaya daga cikin maginan da suka dawo daga Burazil ne ya tsara shi. Har yau ina jin sanyin daɓensa a tafin ƙafa bayan zafin kwalta. Idan mun fito sai mu kutsa lungunan da mutum biyu ba sa jerawa, inda ake shanya kifi da tufafi a igiya ɗaya. Yakan nuna wajen Oko Awo ya ce a nan annobar ɓeraye ta ɓarke a 1924, mutane suka yi ta mutuwa, hukuma ta bi gidaje da rushewa. Ya ce a shekarun 1950 ma an sake tashin wasu unguwanni aka kai mutanensu Surulere, tsofaffi suna kuka don an raba su da kaburburan iyayensu. Mu dai hankalinmu yana kan ɓera, muna leƙa kwata ko za mu ga jikan wanda ya jawo abin.

Zangon ƙarshe bakin ruwa ne a Isale Eko, kusa da Iga Idunganran, fadar Oba. Kwalekwale suna ɗaure, masunta suna ɗinkin taru, gadar Carter tana rawa da nauyin motoci. A nan Baba Saje yake zama, mu kewaye shi. Yakan fara da watan Disamba na 1851, lokacin da jiragen yaƙin Ingila suka yi wa garin ruwan wuta, Oba Kosoko ya fice zuwa Epe, aka mayar da Akitoye kan gado bisa alkawarin daina cinikin bayi, sannan bayan shekara goma Dosunmu ya sa hannu garin ya koma hannun Ingila. Daga nan sai ya shigo gida. Kakansa yaro ne aka kama shi a wani hari a ƙasar Hausa, aka yi ta sayar da shi daga kasuwa zuwa kasuwa, aka haye Kwara da shi, har ya iso Ikko. Jirgi ne kawai bai samu ba, domin ya iso an rufe wannan ƙofa, sai ya ƙare a gandun wani attajiri.

Wani yayanmu mai kaifin baki ya taɓa tambayarsa, "Baba, Bature ne ya kama shi?" Tsohon ya daɗe yana juya goro a baki. "A'a, ɗana. Bature yana bakin ruwa da jirginsa. Wanda ya ɗaure shi da fari, da Hausa ya ce masa tashi mu tafi." Babu wanda ya sake magana. Na tuna ina kallon wata ƙaguwa tana shiga rami, ina jin haushin tambayar, domin har lokacin a lissafina mugu kullum baƙo ne.

Sauran labarin yakan faɗe shi da ƙirji a buɗe. A 1863 wani hafsan Ingila mai suna Glover ya tara Hausawa 'yan ƙalilan, yawancinsu bayi da suka gudu ko aka 'yanta, ya ba su kaki da bindiga. Kakan Baba Saje ya bi sahunsu daga baya. Daga wannan ɗan gungu rundunar sojan Najeriya take ƙirga asalinta, kuma zaman tsofaffin sojoji irinsu ne ya kafa unguwarmu. Sai dai bindigar da ta cire musu mari ita ce aka aike su da ita Asante, aka aike su Ijebu a 1892, kuma sojojin da suka fasa ganuwar Kano a 1903 da yawansu Hausa suke ji. Yana alfahari da kakansa, yana kuma jin nauyin abin, bai taɓa ƙoƙarin raba mana biyun ba. A hanyar komawa gida, a Idumota yakan tsaya gaban mutum-mutumin soja ya ƙame ya sara, mu ma mu sara, mai ɗauke da buta ya jiƙa wandonsa.

Mukan iso gida da la'asar sakaliya, ƙafa ta yi futu-futu. Iyayenmu mata su tambaya me aka gani, mu ce an ci ayaba, an ga jirgi. Da daddare mu raba kanmu a tsakar gida, wasu Kosoko wasu Turawa, a yi ta harbi da karan rake har a kira mu cin tuwo. Ba wanda yake yarda ya zama bawa, saboda haka wannan ɓangaren ba ya shiga wasan.

Garin ya ci gaba da harkarsa. An rushe kurkukun, wurin ya daɗe yana juji, sai a 2010 aka mayar da shi wurin shaƙatawa mai suna Freedom Park, ana kaɗe-kaɗe a inda aka yi rataya. Ilojo Bar da hukuma ta sa cikin kayan tarihi tun 1956, an wayi gari a 2016 an baje shi. Benayen Aguda da yawa sun zama shaguna. Ba na ganin laifin kowa sosai, birnin da mutane suka yi wa yawa dole ya nemi wurin sa ƙafa. Na ji ma yanzu akwai matasa masu ilimi da suke zagayawa da baƙi a waɗannan tituna, suna ba da tarihi da shekaru daidai, kuma na ji daɗin haka ƙwarai. Abin da ba za su iya sa wa a cikin kuɗin zagayen ba shi ne mutumin da zai nuna ruwa ya ce kakana, muryarsa ta ɗan karye, sannan ya daka wa yaro tsawa ya gyara tsayuwa.

Sai da na girma, wani ya ce mini in koma garinmu, na gane abin da tsohon yake dasa mana. So yake mu san Ikko ba masauki ba ce a wurinmu. Mutanenmu sun shige ta a ɗaure, sun tsare ta da bindiga, sun ciyar da ita da goro da nama, kuma a cikin abin kunyarta muna da kaso kamar yadda muke da shi a cikin abin alfaharinta. Jikokina a Kano aka haife su, Legas a wurinsu cunkoson motoci ce a talabijin. Na yi musu alkawarin idan an yi hutu, gwiwa kuma ta yarda, za mu hau jirgi mu je, in jera su daga dogo zuwa gajere. Allah ya jiƙan Baba Saje, ya sa tattakin da ya yi da mu ya zama cikin mizaninsa.