Ƙurar da Glenn ya hango

A 1983 Artavazd Pelechian, ɗan ƙasar Armeniya, ya fitar da fim mai suna “Ƙarninmu”. Mafi yawan hotunansa tsofaffi ne: majigin da Tarayyar Sobiyet da Amurka suka ɗauka don nuna bajintarsu a sararin samaniya. Ya yanke su, ya sake jera su, bai sa mai sharhi ba. Ga fuskar matuƙi tana kyarma cikin kwalkwali, ga jiragen farko suna faɗuwa, ga roka ta kama da wuta. Majigin da gwamnatoci suka ɗauka don alfahari sai ya koma labarin fargabar ɗan Adam.

Malamin da zai nuna wa ɗalibansa wannan fim a unguwar Zariya ta Maraɗi yana iya zaton abin ya yi nisa da su. Amma ƙasar Hausa tana cikin wannan tarihi. Hukumar NASA ta kafa tashar bin sawun kumbo a Kano, kuma ran 20 ga Fabrairu 1962, da John Glenn ya kewaya duniya sau uku, ya yi magana da ita. Abin da ya gaya wa ma'aikatanta shi ne yana hango guguwar ƙura, su kuma suka amsa cewa iska ta yi mako guda tana kaɗawa. Lokacin hunturu ne. Hazon da ke rufe Kano shi ke rufe Tibiri da Jiratawa, shi ke tsattsage leɓɓa da diddige. Baƙon ya gan shi daga sama kamar abin mamaki, mutanen ƙasa kuwa suna ta shafa man kaɗanya.

A fina-finan Amurka, Kano ɗigo ce a taswirar bango. Ita kuwa muryar Glenn tana ajiye, kuma hotunan NASA galibi kowa na iya amfani da su. Matashi mai kwamfuta zai iya ɗora muryar bisa hoton kasuwar Maraɗi da safiyar sanyi, ko bisa dattijon da ke tuna yadda labarin ya iso ta rediyo. Dattijan nan kuwa suna ta raguwa. Rashin kayan aiki ba hujja ba ce a ƙasar Mustafa Alhasan, wanda ya zana kwaɗinsa da hannu ya yi “Bon voyage Sim” a 1966.