Gananci, Takardar Zama, da Mutanen Kogin Mekong

Ranar da na fara shiga ajin nazarin Hausa a wata jami'a ta arewacin Nijeriya, na makara. Malamin ya tambaye ni dalili, na ce, "Malam, a gafarce ni, motan ya lalace a hanya." Aji ya ɗauki dariya. Shi bai yi dariya ba, ya dai dube ni ya ce wannan ba Hausa ba ce. A Nima aka haife ni, cikin birnin Accra da tsofaffinmu ke kira Ankara, kuma ban san wani harshe kafin wannan ba. Ranar nan na koma masauki ina tambayar kaina, in ba Hausa nake yi ba, me muke yi a gidanmu shekara da shekaru?

Ɗalibin da ya nazarci karin harshe ya san siffofin Gananci. Jinsin mace yakan ɓace a sunayen abubuwa, sai a ji "rigana" a maimakon "rigata". Baƙaƙe masu ƙugiya sukan saki ƙugiyarsu a bakin mutane da yawa, ƙarfi ya koma karfi. Kyau kuma ya zama cau, gyara ya zama jara. Abin da littattafan nahawu ba su cika tsayawa a kansa ba shi ne tarihin da ya haifar da waɗannan siffofi.

Hausa ta iso ƙasar nan ne ta hanyar fataucin goro zuwa Gwanja, musamman kasuwar Salaga. Da yaƙin basasa ya tarwatsa Salaga a 1892, malamai da fatake suka bazu, har Alhaji Umaru, haifaffen Kano, ya zauna a Kete-Krachi inda ya rasu a 1934. A gefe guda kuma Turawan Ingila sun kafa rundunar da suka laƙaba wa sunan Hausa, alhali da yawa daga cikin sojojinta ba Hausawa ba ne. A Accra, Malam Bako ya kafa Sabon Zongo a farkon ƙarnin jiya, Malam Amadu Futa kuma, Bafulatani mai harkar shanu, ya samu filin Nima a 1931. Mosawa da Zabarmawa da Kotokoli da Wangarawa da Dagomba suka taru a waɗannan unguwanni, Hausa ta zama harshen kasuwa da masallaci da aure. Yawancin harsunan da suka zo da su, da na Ga da Asante da suka tarar, ba sa raba tebur da mota zuwa namiji da mace. To, ina mamaki don jinsi ya saki? Mu ma mun bar musu namu: waakye da duk Ghana ke ci da safe daga kalmar wake ya samo suna.

Sai dai harshen da ya haɗa mu shi ne kuma ya zama tambari a goshinmu. A ranar 18 ga Nuwamba 1969 gwamnatin Kofi Busia ta ba duk baƙon da ba shi da takardar izinin zama mako biyu ya bar ƙasar. Haihuwa a Ghana ba ta wadatar wajen zama ɗan ƙasa ba. Fiye da mutum 100,000 suka fita. Cikinsu har da wan kakata, tela ne a Maamobi, wanda a Accra aka yanke masa cibiya. Ya sayar da keken ɗinkinsa a wulaƙance, ya hau babbar mota zuwa Legas, daga can ya nufi Kano, garin da bai taɓa gani ba sai a bakin mahaifinsa. Can kuwa da ya buɗe baki sai aka ce ɗan Gwanja ne ya zo. Da gwamnatin Shehu Shagari ta kori baƙi a Janairun 1983, tsohon nan ya yi makonni bai leƙa kasuwa ba, don tsoron kada lafazinsa ya tona shi.

Na daɗe ina ɗaukar wannan a matsayin ƙaddararmu mu kaɗai, har lokacin da nake karatun digiri na uku na haɗu da wani ɗalibi daga arewa maso gabashin Tailan. Ya ce kakarsa Lao take kiran harshenta, amma a makaranta an koya masa cewa sunansa Isan, kuma wai karin harshen Tai ne na ƙauye. Wannan ya sa na bi tarihinsu. Daular Lan Xang, wadda Fa Ngum ya kafa a 1353, ta mallaki gaɓoɓin kogin Mekong duka biyu kafin ta rabe a farkon ƙarni na 18. Da Sarki Anouvong na Vientiane ya yi wa Siyam tawaye, sojojin Siyam suka rushe birnin a 1828, suka kwashe jama'a masu yawa zuwa ƙetaren kogi. A 1893 Faransa ta tilasta wa Siyam ta sakar mata gaɓar gabas, kogin da ke tsakiyar ƙasa ya koma iyaka. Sakamakon haka, masu jin wannan harshe a Tailan a yau sun ninka na ƙasar Laos kanta.

Duk Bahaushen da ya san yadda Ingila da Faransa suka ja layi tsakanin Katsina da Maraɗi zai ji labarin nan a jikinsa. Amma kada mu yi gaggawar cewa daidai suke da mu. Mutanen Isan ba a kore su ba. An ba su takardar zama 'yan ƙasa, sai aka sauya musu suna, aka kawar da tsohon rubutunsu daga makaranta. Mu a zango ba wanda ya taɓa mana suna, har ma an yafa shi a kan wanda ba Bahaushe ba, takardar ce aka riƙe. Abokin nawa ya ce da za a ba shi zaɓi da ya ɗauki namu. Na ce masa bai ga kakata tana ba da labarin motocin 1969 ba.

Ba zan ɓoye muku inda nake tuntuɓe ba. Yau ni ne malamin, kuma in ɗalibi ya rubuta "motan" a jarrabawar daidaitacciyar Hausa, ina jan layi a ƙarƙashinta da jan biro. Dole ne, domin daidaitaccen kari shi ne ke sa ɗan Nima ya karanta littafin da aka buga a Zariya. Abin da na haramta wa bakina shi ne in ce masa ba Hausa ba ce. Nakan rubuta a gefe: wannan Gananci ne, ga yadda ake faɗa a Kananci. Wasu abokan aiki suna ganin sassauci ne. Ni kuwa na san inda waccan magana takan kai, domin mutumin da aka ce harshensa ba na kowa ba ne, ba wuya a ce ƙasar ma ba tasa ba ce.

Wan kakata bai sake taka Accra ba. Da yake shi da ƙanwarsa ba su saba da wasiƙa ba, kaset suke aika wa juna ta hannun fatake. Bayan rasuwarta na tarar da guda tara a cikin akwatinta, na zauna na rubuta su ɗaya bayan ɗaya da ido irin na mai nazari. A na farko Ganancinsa tsantsa ne. Zuwa na biyar jinsin mace ya fara dawowa, yana cewa "matata ta gaishe ki", ƙugiyoyi ma sun fara fitowa. A na ƙarshe, muryarsa ta raunana, kusan ba ka raba shi da mutumin Fagge. Sai wajen sallama ya tambaye ta ko har yanzu ana sayar da koko da ƙosai a bakin babban kwalbatin Nima, ya ce in an samu mai zuwa a aiko masa da hoton gidan, yana so ya ga ko an jara shi da cau.