Farin tabo a bayan tarwada

A shekarar 2003 aka rushe Zanguwetin, tsohuwar unguwar Hausawa da ke tsakiyar Wagadugu, domin shirin ZACA, aka watsa mutanenta zuwa gefen gari. Sunan Zango kuwa bai bar bakinsu ba. Wani dattijo daga cikinsu, da ƙarfin fatauci ya ƙare masa, ya gina kwamin siminti a tsakar gida ya zuba tarwada, da fatan kuɗin makarantar jikoki su fito daga nan.

A watan Afrilu, lokacin da zafin garin kan haura digiri 40, ya wayi gari ya tarar bakwai sun juya ciki sama. Cikin waɗanda suka rage, wasu na ɗauke da farin tabo a baya kamar an ɗaura musu sirdi, bakinsu kuma kamar an manna auduga. Nan take ya zargi kambun baka, don maƙwabta sun cika leƙowa suna yabo.

Jikarsa mai karatun kiwon dabbobi ta tsuguna ta shinshina ruwan, ta ce, "Kaka, bakin kowa bai kama su ba. Hannunka ne ya cika kyauta."

Cutar ita ce kolumnaris, ƙwayar bakteriya mai suna Flavobacterium columnare ke jawo ta, kodayake kamanninta na auduga kan sa a ɗauke ta fumfuna. Tana zaune a ruwan daɗi tun asali, sai ruwa ya ɗumama, kifi ya cunkushe, ragowar abinci ya ruɓe, sannan ta sami ƙofa ta ƙujewar fata, ta ci har wurin numfashi. Tarwada kuwa tana yaudarar mai ita. Da yake tana tasowa ta shaƙi iska, takan jure ƙazamin ruwa kwanaki, mai kiwo yana ganin lafiya lau.

Abin da ya fi yi wa dattijon ciwo shi ne dakatar da abinci, shi da bai saba hana mai jin yunwa ba. Duk da haka ya bi. Suka ware masu tabo, suka rinƙa sauya ruwa da sanyin asuba, suka zuba gishiri gwargwado, suka yi rumfar zana a kan kwamin. Ta kuma hana shi sayen kafso a hannun masu talla, sai abin da likitan dabbobi ya rubuta.

Wasu sun ƙara mutuwa kafin abin ya lafa. Ya binne su can nesa da kwamin, ya dawo ya ƙirga sauran da bakin sanda.