Gidan Gaba Zuwa Birnin Ƙonni

Tun a tashar Sakkwato ɗan kamasho ya dubi babbar rigata da furfurata ya ce, "Alhaji, gidan gaba." Ban taɓa zuwa Makka ba, amma ban musa ba. Mata huɗu aka cusa a baya, har da mai goyo, alhali kuɗinmu ɗaya. Muka wuce Kware da Gwadabawa, muka sauka Illela, ɗan kabu-kabu ya ƙetara da ni Ƙonni.

Da la'asar mai masaukina, wani malamin makaranta, ya zaga da ni gari. Ana cikin hira ya ce, "Ai a garin nan aka faro shari'ar Hadijatu Mani."

A 1996, tana da shekara 12, aka sayar da ita jaka 240 na sefa ga wani attajiri. Ta zama wahaya, wato mace ta biyar: ba sadaki, ba ɗaurin aure, sai daka da ɗiban ruwa da kwanan dole. Nijar ta haramta bauta a 2003, attajirin ya ba ta takardar 'yanci a 2005, sannan ya ce ai matarsa ce. Da ta auri wanda take so, aka yanke mata wata 6 kan aure bisa aure.

"Ka duba, Malam," in ji mai masaukina. "Da namiji ne bawan, ya karɓi takarda ya kama gabansa. Da ɗiya ce, tana da waliyyi da sadaki, alƙali ya raba auren. Ita kuwa in ta ce bauta, a ce aure ne. In ta ce aure, a ce ina shaidu?"

Ƙungiyar Timidria mai yaƙi da bauta ta tsaya mata, har kotun ECOWAS ta zauna a Yamai a 2008, ta ce gwamnati ta gaza kare ta, ta biya ta sefa miliyan 10.

A hanyar dawowa na waiga baya, abin da ban yi ba da zuwa. Ashe can ma akwai gaba da baya. Wata hajiya mai haƙorin Makka ta kama bakin taga, 'yar aikinta kuwa tana tsugune kan buhun albasa. Direba ya tambaye ni ko iska ta yi mini yawa. 'Yar aikin kuwa har Sakkwato ba wanda ya tambaye ta komai.