Guzurin Mai Nutso

Muna yara, a bakin kogin Kwara wajen Gaya, babbar gasarmu ita ce nutso. Mutum ya cika ƙirjinsa da iska iya ƙarfinsa, ya toshe hanci, ya nutse, sauran suna ƙirga masa. Ban taɓa wuce arba'in ba. Wani yayana da ya dage sai ya kai ɗari, a sume aka tsamo shi, kuma tun daga ranar mahaifiyarmu ta raba mu da kogi.

Sai da na girma na karanta labarin dabbobin teku masu shayarwa, dangin ayun kogunanmu ta fuskar rayuwa: iska suke shaƙa, nono suke ba jariransu. Akwai wadda Turawa ke kira sil. In za ta yi zurfi, fitar da yawancin iskar ƙirjinta take yi, sannan ta nutse. Abin ya ɗaure mini kai, domin akasin dabararmu ke nan.

Ashe a can ƙasa iskar huhu kaya ce mai haɗari. Duk mita 10, matsin ruwa yana ƙaruwa da kwatankwacin na iskar da ke danne mu a tudu. A mita 1,000 ya kai ninki ɗari. Haƙarƙarin dabbar yakan lanƙwasa, huhun ya lotse, don haka naitirojin ba ya kwarara cikin jini, balle ya yi kumfa idan ta taso, kamar yadda yake illata masu nutso cikin mutane.

To, ina guzurin? Yana cikin jini da tsoka. Tsokarta cike take da mayogulobin, sinadarin da ke riƙe iskar oksijin, har namanta ya kusa zama baƙi. Zuciya ta rage bugu, hanyoyin jini su tsuke, a bar wa ƙwaƙwalwa da zuciya rabo mafi tsoka.

A 2014 masana suka ba da rahoton wani nau'in wel mai dogon baki, mai ɗauke da sunan Bafaranshen nan Cuvier, da ya kai zurfin mita 2,992 kusa da gaɓar Kaliforniya. Wani irinsa ya yi minti 222 bai leƙo ba.

Da na ba yayan nawa wannan labari, shiru ya yi, can ya ce: “Ni fa a tamanin da bakwai na daina jin ƙirganku.”