Na Biya Bashi, Ana Bina Bashi

Da bikin ƙanwata ya matso, na ci bashin naira 120,000 a ƙungiyar adashin gata ta ma'aikatan kamfaninmu. Na sa hannu a riƙa yankar 10,000 daga albashina duk wata, kamfani yana miƙa wa ƙungiya. Wata 12 cur ana yanka, ni da maiɗakina muna ta maneji, har muka yi hamdala.

Kwatsam sai ga takarda, wai ana bina 70,000. Ashe kamfani ya yanka ya riƙe, sau 5 kaɗai ya zuba! Ƙungiya ta maka shi kotu, lauyansa ya ce ciniki ne ya faɗi, a yi haƙuri.

Abin da ya fi ƙona min rai, ajiyar abokina da ya tsaya min aka riƙe. Har yau gaisuwarmu sama-sama ce.

Takardun albashin da maiɗakina ta adana a ƙasan akwati su suka wanke ni gaban alƙali. Ranar na fahimci ba ta ɗaya tsakanin "an yanka" da "an biya". Ɗan'uwa, in kana biyan irin wannan bashi, leƙa littafin ƙungiya duk wata. Allah Ya kyauta.