Fatawar da na bayar a gonar bammi

A ƙasashen da ake noman inabi akwai wata sana'a da ta daɗe da zama da gindinta. Baƙo ya sauka a birni irin Bordo ta Faransa, ya ɗauki mota da ɗan rakiya, shi kaɗai ko da iyalinsa, a wuni ana zagawa da shi gonaki. A nuna masa itacen inabi, a shiga da shi ɗakin ƙarƙashin ƙasa inda gangunan katako suke jere, a ɗiga masa giya a kofi ya ɗanɗana, da rana a ci abincin yankin, da yamma a mayar da shi masauki. Gonakin Saint-Emilion da ke gabas da Bordo sun shiga jerin wuraren tarihi na UNESCO a 1999, manoman Stellenbosch a Afirka ta Kudu kuma tun 1971 suka buɗe wa baƙi irin wannan hanya. Mota da abinci kowa yana iya samo wa kansa. Abin da ke sa a biya kuɗi mai tsoka shi ne bakin ɗan rakiya, domin shi ya san manomin, shi ya san abin da ke cikin kofin, baƙo kuwa duk abin da aka gaya masa shi zai haɗiye.

Mu nan kudancin Benin inabi ba ya yi, ruwa da gumi sun yi masa yawa. Abin da Allah ya ba ƙasar shi ne kwakwar manja, wadda Sarki Gezo na Dahome, da ya yi mulki daga 1818 zuwa 1858, ya matsa wa talakawansa su dasa lokacin da cinikin bayi ya fara ja da baya. Daga itacen nan ake samun manja, daga shi ake tatsar bammi, bammin kuma a ɗora shi a wuta a tara tururinsa ya zama sodabi, ɗan'uwan abin da ake kira ogogoro a Najeriya. Da masu yawo da Turawa suka tashi kwaikwayon Bordo, sai suka sa rumfar mai sodabi a gurbin gonar inabi. Wanda ya je Adjarra, gaba da Porto-Novo, ya shiga kwalekwale a kogin da ake kira Rivière Noire, zai ga yadda ake yi. A ratsa da baƙo ta cikin tukurwa, a sauke shi a ƙauye, a nuna masa ganga a kan murhu da bututun da ya bi ta cikin ruwan sanyi yana ɗiga a kwalba.

Ni haifaffen Zangon Kwatano ne, amma zamana a Seme-Kpodji yake, kusa da filayen da ake jibge motocin da aka sauke daga jirgin ruwa, waɗanda a Kano da Maraɗi ake ce wa 'yan Kwatano. Dillancin mota nake yi. Mai saye yakan zo daga Arewa ya biya kuɗi, sannan ya zauna jiran takardun duwan kwana da kwanaki, ba aikin fari ba na baƙi. Da irin waɗannan na fara fita, don su rage zaman ɗaki. Daga baya wani otal ya riƙa turo mini Turawa, na ga ashe abin sana'a ce mai zaman kanta. Na tsara hanya: mu tashi da safe, mu sha ruwan kwakwa a Seme, mu ga tsohon babban masallacin Porto-Novo mai ginin 'yan Birazil, mu wuce Adjarra. A can na saba da wani mai tatsar bammi, dattijo mai fara'a. Duk kwalbar sodabi da Bature ya saya, yakan ware mini la'ada. Ban nema ba, amma ban ƙi karɓa ba, ina ta rarrashin kaina da cewa ai ni tuƙi kawai nake yi.

Tun kafin juyin mulkin Nijar na Yulin 2023 ya tsayar da zirga-zirga a gadar Malanville da Gaya, wani Alhaji daga Maraɗi ya zo sayen motoci, tare da Hajiyarsa da ɗansu saurayi. Maigidana na Zango, wanda a gidansa Alhajin ya saba sauka, shi ya damƙa mini su, ya ce in nuna musu gari. Ban zauna na tsara musu komai ba, hanyar Turawa na ɗauko sukutum na ɗora musu. Abu ɗaya na kiyaye. Adjarra ta yi suna wajen gasasshen naman alade, takanas mutane suke tasowa daga Kwatano don shi, saboda haka na sa aka ƙunshe mana balangu da burodi daga Zango, na kuma kauce wa layin rumfunan. Da na yi wannan sai na ji na sauke nauyin da ke kaina.

Mun isa gonar da hantsi. A nan ƙasar yawanci kayar da itacen ake yi, a bar shi kwance, a sassare ganyen, a huda wajen kan, a sa ɗan bututu, a kanga jarka a ƙasa. Safe da yamma mai tatsa yakan zo ya kankare bakin ramin da wuƙa, ya kara masa wuta don ruwan ya ci gaba da zuba, haka har makonni. Alhaji mutum ne mai son ganin yadda ake abu, ya tattare babbar rigarsa ya tsuguna yana kallo. Dattijon ya janyo jarkar, ya tsiyaya a ƙoƙo. Fari ne kamar ruwan wankin shinkafa, da 'yar kumfa a sama, ƙudan zuma suna ta shawagi a kai. Ya miƙa wa Alhaji da hannu biyu, don karamci.

Alhaji bai karɓa ba, ya juyo ya dube ni. "Malam, wannan ba giya ba ce?"

Na tambayi dattijon da Faransanci da ɗan yaren Gun da nake ji. Ya yi dariya, ya ce wannan na safe ne, mai zaƙi, mata da yara ma suna sha, mai ƙarfin yana can cikin ganga. Sai na juya na ce, "Ranka ya daɗe, ruwan itace ne kawai, ɗan'uwan ruwan kwakwa. Sai an dafa shi yake zama giya." Wannan magana ta ƙarshe dattijon bai faɗe ta ba. Ni na ƙara ta daga kaina, da muryar wanda ya san abin da yake faɗa.

Alhaji ya yi bisimilla ya sha. Hajiya ta kurɓa ta ce akwai zaƙi amma da ɗan tsami-tsami. Yaron ya nemi ƙari. Aka cika musu gorar roba su tafi da ita.

A hanyar dawowa cunkoso ya riƙe mu kafin gadar Porto-Novo, gorar kuma tana bayan kujera rana tana dukanta ta gilashi. Yaron ya ɗauko ta ya ce ta kumbura ta yi tauri. Yana murɗa murfin ta yi tsaki, kumfa ta yi ambaliya a kan kujera, wari ya cika motar. Duk wanda ya taɓa gittawa ta ƙofar mashaya ya san warin nan. Motar ta yi tsit.

"Malam, samu wuri ka tsaya."

Na tsaya. Ya fita da gorar ya tuttular a kwata, ya kuskure bakinsa da ruwa, ya sa iyalinsa suka yi haka. Da ya dawo ya zauna sai ya ce, "Kai kana sha?"

"A'a, ranka ya daɗe. Ban taɓa sa shi a baki ba."

"To da wane ilimi ka ba ni fatawa?"

Bai ɗaga murya ba, bai kuma ƙara ko kalma ɗaya ba har Zango. Ya biya ni kuɗina cif, har da na mai, da ya hana ni ma da ya fi mini sauƙi. Ragowar cinikin motocinsa wani dillali ne ya ƙarasa masa.

Sai daga baya na nemi sanin abin da ya kamata in sani tun farko. Ruwan itacen da sukari yake fitowa, ƙwayoyin yis kuma suna cikin iska, suna bakin ramin, sun fi yawa a jikin jarkar da aka daɗe ana tara bammi a ciki. Tun ɗigon farko suke fara aiki. A zafi irin namu, cikin 'yan sa'o'i barasar da ke ciki tana iya kai kashi 4 cikin 100, kusan ƙarfin giyar kwalba ke nan, alhali harshe yana nan yana jin zaƙi. Jarkar da aka tsiyaya wa Alhaji kuwa tun yammacin jiya take kwance a wurin. Wutar da na ce ita ke mayar da shi giya ba ta haifar da komai, tattara barasar da ta riga ta samu kawai take yi, shi ya sa sodabi yake kai kashi 40 ko ma fiye. Wato maganar da na faɗa a kife take. A Gabes ta Tunisiya Musulmi suna shan legmi, ruwan da ake tatsa daga dabino, amma da sassafe suke sayensa, masu sayarwa kuma suna sa masa ƙanƙara, don kowa a can ya san abin da yake komawa in ya jima.

Dattijon ba shi da laifi, kuma ba na son a karanta wannan a zage shi. A ma'auninsa gaskiya ya faɗa. Mutumin da sodabi yake cikin kayan aurensu, da zaman makokinsu, da abin da suke zuba wa kakanni a ƙasa, bammin safe ba abin da zai kira giya ba ne. Alhaji kuwa da wani ma'auni ya yi tambaya, wanda a cikinsa abin da mai yawansa ke sa maye, kaɗan ɗinsa ma haramun ne. A wurin nan mutum ɗaya ne ya san ma'aunan biyu, shi ne ni. Me ya hana ni cewa ban sani ba, a bari? Na juya abin a raina sosai. Kunyar baƙo tana ciki, kada a ce ɗan rakiya bai san ƙasarsa ba. Amma wanda ya fi ƙarfi shi ne ba na son in gwale mutumin da yake ware mini la'ada, a ƙi ƙoƙonsa a gabana.

Na sami wani malaminmu a Zango bayan sallar magariba na warware masa. Ya ce wanda ya sha a kan rashin sani, bayan ya tambaya, babu komai a kansa, nauyin yana wuyan wanda ya yi magana ba da ilimi ba. Na ɗauka an gama, sai ya ce, "To kai me ya saba kai ka gonar?" Dole na faɗi batun la'adar. Ya tuna mini hadisin da ya nuna tsinuwar giya ba ta tsaya kan mai sha ba, ta haɗa da mai matsa ta, da mai ɗaukarta, da mai sayarwa, da mai cin kuɗinta. Hadisin na san shi tun ina makarantar allo, ban dai taɓa sa kaina a layin ba.

Maigidana kuwa ta wani gefe ya ɗauko abin. Zango a kan amanar maigida aka kafa shi. Tun zamanin da fatake suke ratsa ƙasar nan zuwa Salaga ta Gwanja sayen goro, baƙo yakan sauka a gidan mutum, ya ba shi ajiyar kuɗinsa, ya ci abin da aka kawo masa ba tare da ya leƙa tukunya ba. Ayarin madugu ma yana da jagaba, wanda yake wucewa gaba ya duba hanya kafin jama'a su iso. Ya ce da ni, "Yaro, da na ba ka baƙona, sunana na ba ka ka tafi da shi. Labarin nan zai riga motocinsa isa Maraɗi."

Ban bar sana'ar rakiya ba, amma na sake ta. Kafin a tayar da mota nakan tambayi baƙo abin da ba ya ci da abin da ba ya sha, Musulmi ne ko Bature. Wurin da ban taɓa zuwa ni kaɗai na ga madafarsa ba, ba na kai kowa. A kudun nan tambaya ba ta ƙarewa: wa ya yanka, me aka soya a man kafin kifin, ko akwai kpete a kan abincin, don da jini ake yin sa. Da na buɗe ido kuma sai na ga ƙasar cike take da abin nunawa. Ga cibiyar Songhai a Porto-Novo, wadda Fada Godfrey Nzamujo, haifaffen Kano, ya kafa a 1985, inda baƙo zai ga tafkunan kifi da kaji da lambu, ya ci abin da aka noma a wurin. Ga rake da kwakwa a Seme. Ga abarbar tudun Allada mai koren ɓawo da farin ciki, wadda hukumar OAPI ta yi wa rajistar sunan yanki a 2020, irin kariyar da Faransawa suke ba giyarsu. Ga wagashi, cukun da matan Fulani suke daskarar da shi da tumfafiya, su rina bayansa ja da karan dafi. Da dare kuma a dawo Zango, tsire yana kan wuta, mai fura tana dama. Turawan ma, da na gwada su a kan wannan hanya, da yawa sun fi sonta. Wanda ya dage sai ya ga sodabi, nakan sauke shi a bakin kogi in haɗa shi da masu kwalekwale, su kai shi, ba na karɓar ko dala a kai. Samuna ya ragu, ba zan ɓoye ba.

Gwamnatin Benin ta tasar wa yawon buɗe ido haiƙan, musamman tun da Faransa ta dawo da kayan sarautar Abomey guda 26 a 2021, samarin Zango kuma suna ta shigowa harkar rakiya saboda suna jin Hausa da Faransanci da Fon. Ina roƙonsu, in baƙo ya tambayi abin da ke cikin kwano ba su sani ba, su ce ba su sani ba. Kai kuma mai karatu, idan ka zo Kwatano aka miƙo maka farin ruwa a ƙoƙo, ko da ɗan rakiyarka Bahaushe ne da hula da carbi, ka yi godiya ka mayar. In ƙishi kake ji, ka sa a sare maka kwakwa a gabanka, tana nan jibge a bakin titin Seme.